Kabad ɗin Yaya a Sashen Tufka da Warwara

An ba ni kwana biyu in rubuto wa kwamitinku dalilin da ya sa na kwashe kayan jami'a na kai gidan wani. To, da farko dai ba gidan wani ba ne, gidan yayata ne, uwa ɗaya uba ɗaya. Na biyu, ni kafinta ne, ban saba da biro ba sai fensirin jan layi a katako, saboda haka ni ke faɗa ita ke bugawa a tafiretarta. Duk wanda ya san Yaya ya san ba ta buga ƙarya, don haka abin da kuka gani a takardar nan haka ya faru. Kun nemi dalili, dalilin kuwa mutum ne, sai ku gyara zama ku ji labarinta.

Yaya ta girme ni da shekara tara. Babanmu gyaran agogo yake yi a bakin tasha, mahaifiyarmu kuma ta rasu ina ɗan shekara biyar, daga nan Yaya ta zama uwata. Ita ta yi mini wanka, ita ta ja kunnena, har yau kuma Auta take kirana duk da furfurar da ke gemuna. Buga takardu ta koya a wani shago bayan gidan waya. Inji ɗaya ne a shagon, masu koyo goma sha biyu, sai ta samo kwali ta zana harufan a kai, ta riƙa buga yatsu a kwalin tana jiran tukunya ta tafasa. Babanmu yakan ce 'yar nan za ta huda kwalin kafin ta huda takarda. Tana da shekara ashirin da huɗu jami'a ta ɗauke ta aiki, aka tura ta sashen da duk sakatarori suka ƙi.

Ɗaki biyu ne sashen, a ƙarshen barandar ƙasa, kusa da tankin ruwan da ke yoyo. Sunansa a allo ya fi ɗakunan tsawo: Sashen Nazarin Zance Mai Cin Karo da Kansa da Labari Mai Ba da Labarin Kansa. Ba wanda ke da numfashin faɗin wannan, kowa Sashen Tufka da Warwara yake cewa. Wanda ya kafa shi wani siririn dattijo ne mai tabarau ɗaure da zare. Ko gaishe shi ka yi sai ya amsa sannan ya ce "amma fa", shi ya sa har masu shara Farfesa Amma suke kiransa, kuma yana amsawa.

Shekarar da Yaya ta samo mini aiki a sashen gyare-gyare, na tare Farfesan na ce, "Ranka ya daɗe, wai me kuke karantawa a nan?"

Ya kama hannuna ya ja ni baranda, ya nuna mini wani ɗan allo da aka sa ni na kafa a makon. A jikinsa an rubuta cewa an hana buga ƙusa a wannan bango.

"Da me ka kafa shi?"

"Da ƙusa huɗu."

"To shi muke karantawa."

Na ce yanzu a kan wannan ake ba mutum digiri? Ya ce ana bayarwa, amma fa sai ya sha wuya. Na koma na gaya wa Yaya cewa wajen mahaukata take aiki. Ta ce ta sani, amma mahaukatan nan suna cewa sannu da aiki, abin da masu hankalin sama ba su iya ba.

Farfesa Amma yana da doka guda. Duk ɗalibin da ya rubuta kundin bincikensa, babin ƙarshe dole ya ba da labarin yadda aka yi kundin kansa, tun daga ranar da tunanin ya zo har ranar da aka buga shafin ƙarshe. Tunda kuwa Yaya ce mai bugawa, babu yadda za a yi ta kasa shiga labarin. Ɗalibi na farko ya rubuta cewa ya miƙa wa sakatariya takardunsa, ta karɓa da murmushi. Yaya ta buga har ta iso wurin, ta ɗauke hannu.

"Ban yi murmushi ba," ta ce masa. "Tsaki na yi, don rubutunka sai an sa ido biyu da addu'a."

"Haba Anti, ai ƙawata zance ne."

"Ƙawata da fuskarka, ba da tawa ba."

Ya kai ƙara wajen Farfesa. Farfesa ya yi dariya har ya cire tabarau yana goge ido, ya ce ya je ya rubuta cewa ta ƙi bugawa, ya rubuta dalilinta, ya rubuta har ƙarar da ya kawo. Ya rubuta, ta duba ta ga haka aka yi, ta buga. Daga ranar ya zama al'adar sashen: abin da bai faru ba ba ya wucewa ta injin Yaya. Ko da kwamfuta ta zo, ɗalibai suka koma buga nasu da kansu, babin ƙarshe dai sai a tafiretarta, har masu digirin digirgir sukan zauna a benci suna jiran ta tantance su.

Haka rayuwarta ta shige cikin kundayen ba tare da ta nema ba. A kundi na goma sha bakwai za ku ga ranar da naƙudar ɗanta na fari ta kama ta a tsakiyar shafi, ta ƙi tashi sai da ta kai ƙarshen sakin layi. A na arba'in da ɗaya ina ciki, ina gyara ƙafar kujerarta tana ce mini ban iya komai ba sai surutu. Mijinta direban motar ɗalibai ne, mutum mai fara'a, ba ya shiga ofis don ya ce ƙamshin takarda na sa shi barci. Sai ya tsaya a taga ya yi fito sau biyu, ya ce, "Madam, injin nan ya ci abinci, ke fa?" Ɗalibai uku sun rubuta wannan fiton, wanda ya fi kama shi daidai shi ne na sittin da uku. A na tamanin da takwas kuma akwai makon da ta dawo aiki bayan rasuwarsa. Ɗalibar ta rubuta cewa duk sanda mota ta tsaya a waje sai yatsun Anti su tsaya su ma. Yaya ta karanta, ta buga.

Ban da hoton katin aikinsa, ba abin da ya rage na mutumin nan a duniya sai waɗannan shafukan. 'Ya'yansa biyu a nan suka san yadda ubansu ke magana, don ƙaramar ba ta ma yi wayo ba ya rasu. Ni na ƙera kabad ɗin da aka jera kundayen, da katako mai kyau, ba irin wanda ake ba mu yanzu ba. Kafin a gama sun kai ɗari biyu da goma sha biyu, shekara talatin da ɗaya ke nan na Yaya, kowanne da lambarsa a gadon baya da rubutun hannunta.

Sai Farfesa Amma ya rasu, Allah ya jiƙansa. Ɗalibai suka ja baya, malamai biyun da suka rage suka nemi canji suka tafi inda ake samun tafiye-tafiye. Majalisar jami'a ta zauna ta ce a rufe sashen, a mai da ɗakunan ma'ajiyar karyayyun kujeru. Yaya ba ta yi gardama a kan ɗakuna ba, tambaya ɗaya ta yi, ina za a kai kundayen. Ta je ɗakin karatu, aka ce ba a karɓar komai sai da sa hannun shugaban sashe, shugaban sashe kuwa yana kabari. Ta ce to a bar ta ta kai gida. Aka ce kayan jami'a ne, ba sa fita ƙofa. Ta ce to me za a yi da su? Aka ce tsofaffin takardu ne, za a kai ramin bayan wurin aikinmu a cinna musu wuta. Wato ƙonawa halal, ajiyewa haram. Ku ne masu ilimi, ku fassara mini wannan.

Wanda aka ɗora wa aikin mataimakin magatakarda ne, wanda muke kira Mai Fayil, don ko banɗaki zai shiga da fayil a hammata. Ya zo da takardar rufe sashen ya ajiye a teburinta. A dokarku kuwa, takarda ba ta fara aiki sai sashen da aka aika wa ya karɓa ya buga hatiminsa.

"Malama, buga mini hatimi in wuce."

Yaya ta sa tabarau ta karanta daga sama har ƙasa. "Yallaɓai, takardar nan ta ce an rufe sashen nan tun ɗaya ga wata. Yau sha biyu."

"Haka ne."

"To sashen da babu shi ba shi da hatimi. Wa zai karɓa?"

"Ke mana, ba ga ki zaune ba?"

"In na karɓa, sashen yana nan ke nan, takardarka ta yi ƙarya. Ni kuma ba na buga hatimi a kan ƙarya."

Mai Fayil ya ɓata rai. Ya ce wasa take yi da hukuma. Ta ce shekara talatin da ɗaya tana buga irin wannan wasan, mutum ɗari biyu da sha biyu sun ci digiri da shi, shi ma in yana so ya zauna a benci. Ya kwashe takardarsa ya fita, ta mai da hatimin jakarta.

Wata bakwai aka yi ana wannan. Suka gyara kwanan wata suka dawo, ta nuna musu cewa takardar farko ba a janye ta ba, janyewar ma sai ta karɓa. Suka rubuto cewa an mai da ita ofishin jarrabawa, ta ce canjin wurin aiki ta hannun shugaban sashe yake biyowa, a kawo mata shi. Suka yanke wutar ɗakin, ta buɗe taga, tafireta ba ta shan lantarki. Kullum ƙarfe takwas saura kwata tana bakin ƙofa, ta share, ta goge kabad, ta zauna tana buga wani abu da ba wanda ya san ko mene ne. Masu shara da masinjoji suka riƙa zagayowa ta barandar don kawai su gaishe ta. Ni kuwa, gaskiya, ina alfahari da ita daga nesa, don daga nesa alfahari ba shi da tsada.

Da takarda ta gagare su sai suka koma ga guduma. Ranar wata Litinin oganmu ya kira ni ya miƙo mini takardar aiki: a cire allon sashen, a kwashe abin da ke cikin kabad a kai rami, a sa sabon kwaɗo a ƙofa. Na ce Oga, kafintoci shida ne a nan, me ya sa ni? Ya kau da kai ya ce daga sama aka zaɓe ni, wai ni kaɗai ne za ta bari in shiga. Wanda ya yi wannan tunanin a cikinku ya san aikinsa, kuma Allah ya isa tsakanina da shi.

Ba zan yi muku ƙarya ba, ba ma za a buga ba ko na yi. Tsoro na ji. Shekara ashirin da biyu ina aikin nan, 'ya'yana biyar, ban iya wata sana'a ba. Kwana biyu ina ɓuya a ajujuwa ina ɗaure tebura masu lafiya. Matata ta ce in je in lallashi Yaya, na ce ke ba ki san wadda ta yi mini wanka ba. Ranar Laraba da safe Oga ya ce ko yau ko in ajiye kayan aikinsu. Na ɗauki guduma, na turo baro, na bi barandar nan.

Na same ta tana bugawa, ba ta ɗago ba. Gefen injin ga takardu tsibi guda an jera su tsaf.

"Yaya," na ce.

"Na san abin da ya kawo ka. Zo ka gani."

Ashe wata bakwai ɗin nan kundi take rubutawa, nata na kanta, na ɗari biyu da sha uku. Ta ce kowa ya ba da labarinta sai ita, ta ga gara ta cike gurbin kafin a zo. Ta gama komai, saura babin ƙarshe, wanda dole ya faɗi yadda kundin ya ƙare. Ta murɗa injin takardar ta ɗago, na sunkuya na karanta. An buga cewa ranar Laraba da ƙarfe tara Auta ya shigo da guduma da baro, ya tsaya a bakin ƙofa bai yi sallama ba, sannan ya. Daga nan babu komai, farar takarda.

"Me zan buga, Auta?"

Na rufo ƙofa na rage murya. Na ce ina da dabara. Zan tara tsofaffin jaridu in ƙone a rami hayaƙi ya tashi kowa ya gani, kundayen kuma in ɓoye su a silin ɗin wurin aikinmu, in riƙa fitar mata da su bibbiyu a cikin jakar kayan aiki. Ita dai ta buga cewa na ƙone su, ko da wani zai karanta.

Ta dube ni ta saman tabarau, irin duban da take mini ina yaro in na ce na wanke ƙafa alhali ban wanke ba.

"Ban yi wa ɗalibin farko ba, kai zan yi wa? Kuma mijina ba kayan sata ba ne da za a fitar da shi a jakar ƙusa." Ta gyara takardar. "Ka ji ni da kyau. In ka ƙone su, zan buga ka ƙone su, kuma ba zan riƙe ka a zuciya ba, na san kana da iyali. In ka fasa ka tafi, zan buga ka tafi, gobe su turo wani. Abin da ka yi shi zan buga. Yi sauri, yatsuna sun fara sanyi."

Da ta zage ni da ya fi mini sauƙi. Wannan "ba zan riƙe ka a zuciya ba" shi ya ƙone ni, don na san da gaske take. Na tsaya ina kallon kabad ɗin da na ƙera da hannuna, ina kallon lambobin da ta rubuta. Sai kunya ta kama ni, bayan kunyar kuma haushi ya taso, haushinku da haushin kaina.

Na fita na hau benci na cire allon, tunda an ce in cire. Na buɗe kabad na loda kundi ashirin a baro, na ɗora allon a sama yadda kowa zai karanta. Hanyar rami hagu take, ni na yi dama. Na bi babban titi, na wuce ta gaban ofishin magatakarda da rana tsaka, tayar baron tana ƙara don ban sa mata mai ba. A bakin ƙofar jami'a maigadi ya tare ni ya ce ina takardar fita da kaya. Na ce babu, ya buɗe littafinsa ya rubuta sunana da lambar aikina da abin da na ɗauka, ya rubuta da kyau. Ya dube ni, ya dubi allon, ya rubuta, ya ɗaga sandar.

Daga ƙofa zuwa gidan Yaya tafiyar minti ashirin ce. Sahu goma sha ɗaya na yi, duk suna cikin littafin maigadi, ku je ku duba. A sahu na huɗu Mai Fayil ya fito ya tsaya a kan matakala yana kirana, na ce Yallaɓai ina kan aiki. A na bakwai tafin hannuna ya fashe, wata mai shara ta ɗaure mini da tsumma. Yaya kuwa ba ta taɓa ko kundi ɗaya ba, tana zaune tana buga kowane sahu da lokacinsa. Da na kwashe, na warware kabad ɗin shi ma, don katakon nawa ne, ragowar aikin wani gida ne na kawo tun lokacin. Tafireta kuwa tata ce, da ita ta zo aiki. Na sa sabon kwaɗo a ƙofa yadda aka umarta, na kai wa Oga makulli. Hatiminku yana kan tebur a ciki, ta bar muku.

To ga amsata. Na ɗauka, da sanina, ba wanda ya sa ni. Ba zan mayar ba, wanda kuma zai zo ɗauka sai ya fara ɗauke ni daga bakin ƙofa. In kora ce ku kora, hannuna yana jikina. Kun ce kayan jami'a ne, na yarda, shi ya sa ba mu kulle su ba. Suna falon Yaya, allon yana saman ƙofa, tana buɗewa ƙarfe takwas saura kwata. Duk mai son karatu a cikinku ya zo, akwai benci.

Abu ɗaya ya rage. Kafin isha'i na gama haɗa kabad ɗin a falonta, muka jera su bi da bi. Da muka sa na ƙarshe, Yaya ta miƙa hannu ta zaro na sittin da uku, ta buɗe daidai shafin ba tare da ta nema ba, ta zauna a ƙasa ta yi kuka. Tun rasuwar mahaifiyarmu ban ga hawayenta ba.

Da na faɗi wannan yanzu, sai ta ɗauke hannu daga injin. Ta ce in cire wannan, ba ruwan kwamiti da shi. Na ce ba zan cire ba. Ta ce ita ba kuka ta yi ba, ƙurar takardu ce ta shiga idonta. Na ce to shi ke nan Yaya, in ƙarya na yi kada ki buga, ai kowa ya san dokarki. Ta ce ba ni da kunya, tun ina yaro ba ni da ita. Ta daɗe tana kallon takardar, yatsunta a kan harufa.

Ku duba sama kaɗan, layin yana nan.